Matar da ke gefen hoto

Jikarsa ce ta kai Kaka ofishin ajiyar tsofaffin finafinai, inda take aiki. Ɗakin sanyi ƙalau, gwangwanayen fim jere a kan kanta, wasu har sun yi tsatsa.

"Zauna nan, angona," ta ce, tana jawo masa kujera.

"Amaryar da ba ta ba da ko ruwa? Na fasa auren."

Ta yi dariya, ta kunna na'ura. Fim ne marar launi da Turawan mulkin mallaka suka ɗauka don koya wa mutane tsabta. Wani yaro ya tsuguna gaban kwano yana wanke hannu, muryar Bature tana bayani.

"Kai! Ni ne wannan," in ji Kaka. "Me mutumin yake cewa?"

Ta ce, "Wai mutanen nan ba su taɓa ganin sabulu ba sai ranar."

Ya matso har hancinsa ya kusa taɓa allon.

"Mayar da shi baya. Tsaya nan."

A gefen hoton wata mata ce ɗauke da daro, ta waiwayo tana rufe baki da hannu.

"Inna ce," ya ce a hankali. Mahaifiyarsa ce, tun kafin ya yi aure ta rasu, ba ta bar hoto ko ɗaya ba. Ya daɗe yana kallonta, sannan ya goge ido da hannun riga. "Sabulu fa take dafawa ta sayar. Sai da suka sa na shafa taɓo a hannu kafin su ɗauka. Abin da take wa dariya ke nan."

Jikar ta nemi izinin shugabanta, ta yi wa fim ɗin kwafi, ta cire muryar Baturen ta sa ta Kaka, yana faɗin sunan kowa da sana'arsa. Ranar da aka nuna shi a silima, wata tsohuwa ta miƙe tsakiyar mutane ta ce mai keken can babanta ne. Dole aka sake haska wurin.

Kaka kuwa ya sa an wanke masa hoton fuskar Inna, ya rataye a falo. Har yau 'ya'yansa mata suna gardamar wadda ta ɗauko hancinta.