Sunan Ɗan Fari

Malam Sammani, ma'aikacin ofis, ya lashi yatsa, ya ci gaba da buɗa tsohon littafin shafi-shafi. Talatu na zaune a kan benci, ta dunƙule hannuwa cikin mayafi. Ɗanta Badamasi ya jingina da bango, laka ta bushe masa har ƙwauri, don daga gona ya taho. Gonar ce ma ta kawo su ofishin noman rani a Kura. Tun yana yaro yake nomanta a bakin kanal, da ita yake ci da iyalinsa, sai ga shi jiya Salim, ɗan ƙanin mahaifinsa, ya zo da wani ɗan kasuwa daga Kano suna auna ta da igiya.

"Ga ta nan," in ji Malam Sammani. "Sunan Datti ne a kai. Datti kuwa mahaifin Salim ne, ko ba haka ba?"

"Haka ne, ranka ya daɗe," in ji Badamasi. "Amma gonar babana ce. Kaf garinmu babu wanda bai sani ba."

"Garinku sun sani, littafi bai sani ba. Ni kuma abin da ke littafi aka ajiye ni in faɗa."

Talatu ta san yadda aka yi, kuma sanin ne yake cin ranta. Shekarar da mijinta ya rasu, tana cikin takaba, ma'aikata suka bi gida-gida suna sabunta sunayen masu gonaki. Wani saurayi mai biro a kunne ya tsaya a zaure, ita tana bayan zana, ya ce ta faɗi sunan magajin mamaci. Badamasi kuwa ɗan fari ne. A gidan da aka raini Talatu, mace ba ta kama sunan ɗan fari ko da wasa, balle a gaban baƙon namiji. Ta ce, "Yaron nan ne." Ya ce gwamnati ba ta san yaron nan ba, suna take so. Can ta ce, "Ku tambayi Datti, ƙanin babansa."

Datti yana kasuwar Bunkure ranar. Ma'aikacin ga rana ta buɗe, ga gidaje jibge a gabansa, ga kuma suna ya faɗo masa a kunne kyauta. Ya rubuta, ya wuce. Shi Datti, bawan Allah, har ya koma ga Mahaliccinsa bai san yana da gona a bakin kanal ba. Sai da ɗansa ya zo wannan ofis neman takin gwamnati aka karanto masa gonakin ubansa, ya ji an ƙara masa ɗaya.

"Malam," in ji Talatu, muryarta ƙasa-ƙasa, "ba a gyarawa?"

"Iya, ba ni da ikon taɓa ko harafi. Sai dai kotu. Akwai wanda ya shaida ranar?"

"Mai unguwa ne, ya rasu."

"To shi ma'aikacin?"

Wa zai san inda saurayi mai biro a kunne ya shiga? Malam Sammani ba mugu ba ne. Ya cire tabarau ya murza idanu, ya jawo farar takarda.

"Bari in rubuta muku ƙorafi, ko ba komai a san kun zo. Amma gaskiya, in Salim ya sayar, sai dai ku yi ta zarya. Da sunan wa zan rubuta?"

Badamasi ya buɗe baki, sai Talatu ta ɗaga masa hannu. Ta miƙe da ƙyar, ta dafa teburin.

"Badamasi," ta ce. Muryar ta fita da ƙarfi fiye da yadda ta nufa, har masinjan da ke bakin ƙofa ya leƙo. "Badamasi Muhammadu. Ɗana ne, ni na haife shi. Gonarsa ce."

Badamasi ya sunkuyar da kai. Mutum ne mai furfura a gemu, ya aurar da 'ya, amma bai taɓa jin sunan nan daga bakinta ba. Tausayinta ya kama shi fiye da tausayin kansa. Malam Sammani ya rubuta a hankali, ya buga hatimi, ya ɗora takardar a kan tulin 'yan'uwanta da suka fara yin ja don tsufa. Sannan ya rufe littafin.

Suka hau a-daidaita-sahu zuwa gida. Hanyar ta bi gefen kanal, ruwa ya cika shi taf, mutane na ta dashen tumatir. Da suka zo daidai gonar, Badamasi ya kau da kai. Talatu ba ta kau da nata ba. An riga an kafa turaku a kusurwoyin, an shafa musu jan fenti.

"Inna, ki daina sa abin a ranki," ya ce. "Haka Allah ya rubuta."

Ta daɗe tana kallon turakun, har kwanar hanya ta ɓoye su. Ta goge ido da bakin mayafi.

"Ashe sunan ko ƙona baki ba ya yi," ta ce.