Tayi Na Uku

Bahador Nikpur ya yi fina-finai bakwai, duk shi ya rubuta labarinsu, amma mahaifinsa Mash Kudrat bai taɓa kallon ko ɗaya ba. Na takwas ɗin ma a kan tsohon aka yi shi: shekara arba'in a bakin tanda a birnin Isfahan, yana gasa gurasa a kan tsakuwa mai zafi. Ranar Alhamis da yamma za a fara nuna shi a Tehran, kuma babu abin da Bahador yake so kamar ya ga tsohon a kujerar gaba.

Sai dai aiki ya ɓata shi. A wajen ɗaukar fim magana ɗaya yake yi a tashi, har ya manta cewa a al'adarsu dattijon kirki ba ya karɓar tayi sai an yi masa sau uku.

Ranar da safe, suna shan shayi a gidansu na Isfahan, ya ce, "Baba, tashi mu je ka ga fim ɗinka."

"A'a ɗana, me zan je in yi cikin manyan mutane? Ni da nake ƙaurin tanda."

"Don Allah, Baba. Saboda kai na yi shi."

"Kar in zame maka kaya. Je ka, Allah ya tsare."

Ran Bahador ya ɓaci ƙwarai. Ya ɗauka har yanzu tsohon yana ganin sana'arsa wasan yara ce. Ya sumbaci hannunsa, ya ja motarsa ya kama hanya.

Ya kusa garin Kashan, wajen rabin hanya, ƙanwarsa Mahrokh ta bugo waya.

"Yaya, duk kambun da ake ba ka a ƙasashen waje, ƙirga uku ya gagare ka?"

"Me kuma na yi?"

"Sau nawa ka yi masa tayi?"

Bai gama ƙirgawa a zuci ba ta riga shi.

"Biyu! Ina kicin ina jin ku. Mutumin da tun Talata ya yi aski, ya sa na goge masa kwat ɗin da ya saka ranar aurena, ya ɓoye shi a bayan ƙofa. Ga shi can a tsakar gida ya tasa shayi a gaba har ya huce."

Bahador ya duba agogo. In ya juya, sai an ci rabin fim ɗin kafin su isa, 'yan jarida kuma su yi ta rubutu a kan kujerarsa da babu kowa. Ya juya.

Ya tarar da tsohon yana ba bishiyar rumman ruwa da buta. Ya tsaya a gabansa kamar ɗalibi.

"Baba, na rantse ba zan tafi ba sai da kai."

Mash Kudrat ya ajiye butar, ya yi ajiyar zuciya.

"To, tunda ka matsa."

Ya nufi ɗaki a hankali, sai ka ce dole aka yi masa. Bahador ya bi ƙafafunsa da kallo. Takalman fita ne, an goge su fes, igiyoyin a ɗaure tun safe.