Ranar da Likita Pirc Ya Mutu

Metod Jereb yana kwance a gadon asibitin da aka haɗa a ɗakin ɗaukar fim, fitilu na dukan fuskarsa, sai Urška, mai ba da umarni, ta sake tsayar da aiki.

"Baba Metod, don Allah. An ce ka cika a hankali, kai kuma sai kokawa kake yi kamar mai gardama da mutuwar."

Ma'aikata suka yi dariya ƙasa-ƙasa. Shi bai yi ba. Ya fara fim tun zamanin Yugoslavia, ya fito a soja, ya fito a limamin coci, ya fito a mashayi. Amma duk Sloveniya da suna ɗaya aka san shi: Likita Pirc, likitan ƙauye na wasan da ake nunawa a talabijin kowace Lahadi. Yanzu masu tashar sun ce matasa ba sa kallo, don haka tsohon ya mutu, ɗansa ya dawo daga Vienna ya gaji asibitin.

Metod ya tashi zaune, ya yafito Urška.

"'Yata, ki bar shi da rai mana. Ki ce ya yi ritaya ya koma kiwon zuma. Ba sai na ƙara fitowa ba."

"Daga sama aka rubuto, Baba. Ba ni da ta cewa."

"Darinka tana kallo."

Urška ta san labarin. Matarsa Darinka tana gidan kula da tsofaffi a Kamnik, ciwon mantuwa ya cinye mata kusan komai. Ta daina gane mijinta. Likita Pirc kaɗai take ganewa, kuma da sunan take karɓarsa duk ranar da ya je.

"Ai ba za ta riƙe ba," in ji Urška. Maganar na fita ta sunkuyar da kai.

Metod ya dube ta, ya koma ya kwanta. Da aka kunna na'ura ya mutu tsaf, ba gardama, har mai riƙe da abin ɗaukar murya ya share ido. Aka tafa, aka yanka potica, wani irin kek na ƙasar. Slavko, wanda ya tsufa yana fitowa a direban likitan, ya miƙo masa yanka.

"Ci, gawa. Kai ka huta, mu ne za mu sha sanyi a maƙabarta gobe."

"Ka yi kuka da kyau dai, tsohon banza. Kada ka ba ni kunya."

Metod ya hau bas daga Ljubljana zuwa Kamnik ana yayyafi. Wata mata ta gane shi, ta ɗage siket ta nuna masa gwiwarta da ta kumbura. Ya ce ta riƙa gasawa da ruwan ɗumi, kuma ta je wurin likitan gaske. Ta yi ta godiya.

A bakin ɗakin Darinka ya tarar da Mojca, mai jinyarta. Ya gaya mata abin da za a nuna nan gaba, ya roƙe ta ta kashe talabijin ranar.

"Zan iya hana ta ranar," in ji Mojca. "To sauran Lahadin fa? Za ta zauna ta jira ka. Kuma tsofaffin matan gidan nan ba sa riƙe bakinsu, kafin abincin rana ta ji."

Ya ƙwanƙwasa ya shiga.

Darinka na zaune a bakin taga, an rufe mata ƙafafu da bargo. Ta rame fiye da makon jiya. Tana ganinsa ta gyara gashinta.

"Likita! Cikin ruwan nan? Ka zauna, ka zauna. Ka ci abinci kuwa?"

"Na ci, uwargida. Yaya jikin?"

Ya kama wuyan hannunta kamar yadda ya saba, yana kallon agogo. Bai taɓa iya ƙirga bugun jini ba. Hannun kawai yake son riƙewa.

"Mijina bai zo ba," ta ce. "Yana wurin aiki. Kullum yana wurin aiki, ko haihuwar ɗanmu bai gani ba."

"Zai zo."

"Ba zai zo ba, na san halinsa." Ta matso, ta rage murya. "Likita, ni na san ba zan tashi ba. Amma kada ka gaya masa. In ya ji zai rikice a gaban mutane, ya manta maganarsa. Ka bari sai ya gama wasan."

Metod ya buɗe baki. Ya nemi muryar da ya yi shekaru yana kwantar wa marasa lafiya hankali da ita, da ƙyar ya samo ta.

"Ba zan gaya masa ba," ya ce.

Ta gyaɗa kai, ta mayar da ido kan ruwan da ke gangarowa a taga. Ta bar hannunta a cikin nasa.