Ƙanƙarar Baba Kuku

Baba Kuku ya riƙe cokalin farko a baki na ɗan lokaci, sannan ya juya kai ya tofar a tawul ɗin da ke kan ƙirjinsa. Akwai ɗan jini a ciki. Malama ta gani. 'Yarsa Auta ma ta gani, ta yi sauri ta naɗe tawul ɗin ta tura ƙarƙashin kujera.

"Gini kike yi?" in ji shi. Muryarsa ta dusashe, sai ka kawo kunne kusa kake jin abin da yake faɗa. "Wannan ai tsakuwa ce."

Malama ta tsaya da kwano a hannu. Shekara tara ƙofarta na kallon tasu a hawa na uku. Lissafi take koyarwa a makarantar sakandare, yanzu ana hutun bazara, shi ya sa take gida. Jiya yini ta yi a kan wannan abin da ya tofar.

Shi kuwa shekara talatin da ɗaya ya yi a kicin ɗin wani otal, ɓangaren kayan zaƙi, ko da ya ajiye aiki sunan ya biyo shi gida. Duk bazara, da zarar nektarin ya shigo kasuwa, jajayen 'ya'yan itacen nan masu santsin fata, sai ya sayo kwando guda ya kulle kansa a kicin. Da yamma ya bi ƙofofin benen da ƙananan kwanuka. Ƙanƙara ce mai launin ruwan goro, amma ba ta ƙara a haƙori, kana ɗora ta a harshe za ta kwanta. Bai taɓa gaya wa kowa yadda ake yi ba. Shi kansa ba ya sha, iyakarsa ya lashi bayan cokali, don ciwon sukari ya kama shi tun kafin matarsa ta rasu.

Bana ƙari ya fito masa a maƙogwaro. Asibiti suka yi iya yinsu, suka sallamo shi da jakar magunguna. Kwana huɗu ke nan ba abin da ya wuce, ko romo dawowa yake yi, ruwa ma da auduga 'yarsa Auta ke ɗiga masa. Jiya da safe ya kama hannun Malama ya ce abu ɗaya ne yake jin zai iya haɗiyewa, mai sanyi mai laushi, kuma ta san shi. Daga nan barci ya ɗauke shi. Ta je kasuwa ta zaɓo nunannu, ta feraye, ta markaɗa, ta tace, ta yi duk abin da hankali ya ba ta.

"Sukari nawa kika sa?"

Malama ta kalli Auta. Auta ta ce ita ce ta tsaya a kai, cokali biyu kawai aka sa, don abin da daɗinsa ma ya isa, kuma Baba ya san halin jikinsa.

Ya rufe ido. Suka ɗauka barci ne, ashe ƙarfi yake tarawa. Ya yi bayani a gutsure, yana hutawa tsakanin kalmomi. Ya ce sukari ba don zaƙi kaɗai ake sa shi ba, shi ne ke hana ruwan daskarewa ya zama gilashi. In an rage shi, abin da za a samu allurai ne, su ne suka yanke shi yanzu. Ba sai an sayo sabbi ba, a narkar da na jiya. A dafa sukari da ruwa, a bari ya huce, a riƙa zubawa a hankali. A wanke ɗanyen ƙwai a saka a ciki. In ya nutse, da saura. In bayansa ya leƙo sama kamar faɗin farcen babban yatsa, an kai. Sai a zuba a tire mai faɗi, a sa a firiza, duk rabin awa a fito da shi a kankare da cokali mai yatsu, daga gefe zuwa tsakiya. Awa huɗu, ko biyar in firizar raguwa ce.

"Sirrin ke nan?" in ji Malama. "Ƙwai?"

"Da kin biya kuɗin makaranta da tuni kin sani," in ji shi, ya yi wani abu mai kama da dariya, tari ya karɓe.

A baranda Auta ta tare ta. Shekarunta ba su kai talatin ba, ita kaɗai ta rage a gidan, yayanta yana aiki a wani gari mai nisa. Tun tana 'yar shekara sha biyar take huda yatsan mahaifinta kowace safiya tana duba abin da na'ura ta ce. Ko yau ta huda. Ta ce ba za a ba shi sukari rabin kwano ba tana raye. Ta ce likita ya ja kunne, ta ce akwai wanda ta sani da ya suma saboda kwalbar lemo ɗaya, ta ce mutane suna tashi daga abin da ya fi wannan. Tana magana tana murza gefen rigarta.

Malama ta bari ta gama.

"Auta, me ya rage wa sukari ya lalata?"

Auta ta dube ta kamar ta mare ta. "Anti, ba ubanki ba ne," ta ce, ta shiga ta rufe ƙofa.

Gaskiya ta faɗa. Malama ta koma gidanta, ta fito da tiren jiya ta ajiye a kan tebur, ta zauna tana kallonsa yana narkewa. Za ta iya yi ba da izinin kowa ba, amma ba ita ce za ta riƙe cokalin ba, kuma ba ita za ta zauna da abin ba bayan komai ya wuce. Agogon bango ya buga tara, ya buga goma. A ƙasa wata mota ta yi ta ƙoƙarin tashi ta ƙi. Zafi ya cika ɗakin, labule ko motsi ba ya yi.

Sha ɗaya saura aka ƙwanƙwasa. Auta ce, rungume da gwangwanin sukari mai ƙura a murfi, wanda take ɓoyewa a saman kabad don kada ya gani. Malama tana da sukari a gidanta, su biyun duk sun san haka. Ta karɓa. Auta ta juya.

Malama ta dafa sukarin, ta dasa tukunyar a cikin ruwan sanyi don ya yi saurin hucewa. Ta wanke ƙwai da sabulu ta saka a markaɗen, ya tafi ƙasa kamar dutse. Ta ƙara, ta juya, ya ɗan motsa. Sai a zubi na huɗu bayansa ya leƙo, fari a tsakiyar ruwan goro. Ta kara babban yatsanta kusa ta gwada. Ta matse rabin lemon tsami, ta zuba a tire, ta tura a firiza. Sha ɗaya da rabi.

Sha biyu ta buɗe, ruwa ne tsamo-tsamo. Sha biyu da rabi, ɗan siririn layi ya kama a gefe, ta kankare shi ta tura tsakiya. Firizar tsohuwa ce, tana gurnani kamar ita ma zafin ya dame ta. Ƙarfe ɗaya, ɗaya da rabi. Tsakanin kankarewa ba abin yi. Ta wanke kwanukan da ta riga ta wanke. Ta ɗauki takardun jarrabawa ta ajiye.

Wajen ƙarfe biyu Auta ta shigo ba sallama. Ta ce numfashinsa ya canza, yana ja yana tsayawa, ta kira likita ya ce yana wani wurin, zai zo da yamma, a dai riƙa jiƙa masa leɓe. Ta tambaya ko ya yi. Malama ta buɗe firiza. Gefe ya kama, tsakiya kuwa kamar kunu. Ta kwashi na gefen a ƙaramin kofi, suka tsallaka tare.

Idonsa a buɗe yake. Ya kalli kofin, ya yi nuni a karkata shi. Malama ta karkata. Ruwa ya gangaro daga ƙarƙashi ya taru a gefe ɗaya.

"Bai yi ba," ya ce. "Mayar."

"Baba, ka sha haka," in ji Auta. "Ko cokali ɗaya. Da sanyinsa."

Ya girgiza kai a kan matashi. Ya ce shekara talatin da ɗaya bai taɓa barin ɗanyen aiki ya fita daga kicin ɗinsa ba. Ya juyo da ido wurin Malama.

"Ke kina ba yaro maki kafin ya ajiye biro?"

"Wani lokaci," ta ce.

"Shi ya sa ƙasa ta lalace." Ya huta. "Awa ɗaya da rabi. Ina nan."

Cokalin yana hannunta, bakinsa bai fi tafin hannu daga gare shi ba. Da ta tura da ya shiga, ba shi da ƙarfin hanawa. Ta tsaya haka har abin da ke cikin cokalin ya zama ruwa. Sannan ta mayar da shi cikin kofin ta fita.

A gida ta kwashe duk abin da ke cikin firizar, nama da kifi da ledojin kayan miya, ta zube a wurin wanke-wanke, ko sanyin zai taru a kan tire ɗaya. Ta murɗa maɓallin har ƙarshe. Daga nan dabara ta ƙare. In ta yawaita buɗewa sanyi zai fita, in ta ƙi buɗewa allurai za su dawo. Ta jawo kujera ta zauna a gaban firizar, tana sauraron bango. Ba ta ji komai ba sai rediyon mutanen ƙasa.

Biyu da rabi ta kankare. Ƙarfe uku ya fara tauri, cokali mai yatsu yana barin layi a ciki. Uku da rabi ta sa cokali ta ɗebo, ya naɗo kansa ya tsaya, ba ruwa a ƙasa. Ta ɗora a harshe. Ya kwanta. Irin nasa ne, ko kusa da haka.

Ta zuba dunƙule biyu a farin kwano ta fito.

Ƙofarsu a buɗe take. Auta na zaune a ƙasa a cikin lungun da ke kaiwa ɗakinsa, ta jingina da bango, ƙafafu a miƙe. Waya na hannunta, sunan yayanta a kan gilashin, ba ta danna ba. Ƙofar ɗakin a janye take. Ba ta kuka. Ta ɗaga kai ta kalli kwanon, ta daɗe tana kallo.

"Ya yi?"

"Ya yi."

Auta ta gyaɗa kai.

"Tun yaushe?" in ji Malama.

"Uku da 'yan mintuna ya cika. Na ga ba amfanin in tashe ki daga kan aikin."

Malama ta duba hagu da dama, ba tebur a lungun, ba ko kujera. Ta sulale ta zauna kusa da Auta, kafaɗa da kafaɗa, ta ɗora kwanon a cinya. Sanyinsa ya ratsa zanenta. A ƙasa wani yana hawowa matattakala a hankali, yana tsayawa a kowane hawa. Dunƙulen biyu suka fara zamewa, suka jingina da juna a tsakiyar kwanon.