Muryar da Ta Fito Daga Bakin Eckhard

"Kana zaune kana cin dankalina, ka sani, ka ja bakinka ka yi shiru?" in ji Eckhard, yana nuna ƙaninsa Gernot da cokali.

Ni dai ina gefen kujera da faranti a cinya. Shekara ashirin muna maƙwabtaka a benen nan namu na Berlin, ban taɓa jin Eckhard ya ɗaga murya ba. To a ina zai koya? Shekara talatin da ɗaya yana fitowa a talabijin, amma kusan kullum gawa ne. An tsamo shi daga kogi, an tsince shi a but ɗin mota, sau biyu ma ƙafarsa kawai aka nuna. Uwarsu Irmtraud kuwa idonta ya tafi tuntuni, sai dai mu ce mata, ga ɗanki can an lulluɓe shi.

Sai bana aka ba shi ya fito a matsayin mai lambu a fim ɗin 'yan sanda na ranar Lahadi, har da magana jimla uku. Wata biyu ina jin sa yana bita a matakala. Ya ɗauko tsohuwa daga gidan tsofaffi, ya yi kwaɗon dankali da tsiran alade, ya gayyace ni. Burinsa ɗaya ne, uwarsa ta ji shi da kunnenta kafin ta bar duniya.

Takwas da kwata aka fara. Can sai ga shi da shebur, ɗan sanda na tambayarsa. Ya buɗe baki, wata murya ta fito, sumul kamar ta mai karanta labarai. Tsohuwa ta karkata kai, ta ce, "Ai wannan Gernot ne."

Aikin Gernot ke nan, ɗora wa fina-finan waje muryar Jamusanci. Yanzu ga shi yana rantse-rantse, wai darakta ne ya ce karin harshen Eckhard na mutanen yankin Sachsen da ke gabashin Jamus zai sa jama'a dariya ana tsakiyar binciken kisa. Wai an nemi mai murya irin ta Eckhard aka kira shi, ya ga gara ɗan'uwa da bare.

"Yaya, wallahi na so in gaya maka. Ka riga ka sayo tsiran ne."

Eckhard ya ce ko gawar ma da bakinsa ake barin sa ya yi shiru. Gernot ya ce ai sunan Yaya ne aka rubuta a ƙarshen fim ɗin, ba nasa ba. Eckhard ya tambaye shi wa zai karanta wa makauniya suna.

Tsohuwa ce ta raba su. Ta sa aka kashe talabijin, ta laluba ta kama hannun babban ɗanta, ta ce ya faɗa mata jimlolin nan uku da bakinsa.

Ya miƙe, ya gyara kwala, ya ja numfashi. "Ranka ya daɗe, ban ga kowa ba. Ina bayan gida ina shuka. Ƙofar a buɗe na same ta."

Allah ya gani, na danne. Na cusa tsiran a baki, na kalli silin. Amma daraktan nan bai yi ƙarya ba, dariya ta kuɓuce mini ta hanci. Abin da ban zata ba, tsohuwa ma kafaɗunta rawa suke yi.

Eckhard ya dube mu ɗaya bayan ɗaya. Ya zare hannunsa daga na uwarsa, ya fita da silifa daga gidansa na kansa, ya buga ƙofa har hoton bikin iyayensa ya faɗo daga bango.