Kyanwar Ƙanwata a Cikin Bango

Mijin 'yar ƙanwata a kamfanin neman man fetur yake aiki, mu Injiniya muke ce masa. Na taɓa tambayarsa me suke yi a can, ya ce ƙasa suke doka su kasa kunne. In girgizar ta ratsa da gudu, dutsen da ke ƙasa a cure yake, mai nauyi. In ta yi jan ƙafa, akwai laushi. Wai aikin ke nan, kullum.

To, ƙanwata ta sa an gina bango tsakaninta da maƙwabciyarta matar tela, saboda matar nan ko tari ka yi sai unguwa ta ji. Ranar da magina suka gama, aka nemi kyanwar ƙanwata aka rasa. Ƙanwata ta ce da ita aka gina bangon, ga kukanta nan a ciki. Ta rantse ba za ta sa komai a baki ba sai ta gan ta.

"Mama, kwantar da hankalinki," in ji Injiniya. "Abin da ya fi wannan zurfi mun gano."

Ya liƙa na'urarsa a bango, ya ba matarsa guduma. Tana doka, yana duba allo.

"Nan bulo ne zalla, girgiza na gudu. Amma nan ta rage sauri. Akwai abu mai laushi."

Ya zana da alli. Kafin ya ɗauko diga, laushin ya matsa gaba.

"Tana motsi, Mama. Da ranta."

"To lacca za ka yi mata? Fasa mana, ɗan nan."

Ya ɓare fuskar bulo a nan, laushi ya gusa. Ya ɓare can, ya sake gusawa. Duk inda muka tsaya muna magana, nan laushin yake bin mu. A kusurwa diga ta zarce waje.

Sai ga matar tela ta ɗaya gefen manne da bango, kunne da kafaɗa da duk abin da Allah ya hore mata, kyanwa a hammata.

"Ina wuninku," in ji ta. "Shara nake."

Babu tsintsiya.

"Me ya hana ki magana?" in ji ƙanwata.

"So nake na ji yadda za ta kaya."

Ƙanwata ta zaro kyanwarta ta ramin, ta ce yanzu a zubo mata abinci ta ci. Injiniya ya ce lissafinsa dai bai kuskure ba, ta ce to ya lissafa siminti.

Yana can yana kwaɓawa. Matar tela na leƙe ta ramin, tana ce masa ruwa ya yi yawa.