Gaba Goma Sha Bakwai

…kuma iska dai. Iskar nan ta banza, wadda kowa ke shaƙa ba ko godiya. Sallau mai haƙar rijiya yana kwance a gindin aduwa, nan dajin Tagriss, yana zuƙar ta kamar fura. Ya fito, da ƙafafunsa biyu da yatsunsa duka. Alhamdu lillahi.

Shekara ashirin yana wannan aiki, bai taɓa ganin diga ta faɗa cikin babu ba sai shekaranjiya. Kogo a gefen rijiya, can ƙasa, baki buɗe… Ina ya nufa? Ƙarƙashin wa? Dole wani ya shiga ya zano shi kafin raƙuman Rhissa, mai rijiyar, su fara tattake wurin. Wa zai shiga in ba shi ba?

Igiya a ƙugu, ƙulli a kowane gaba, wato tsawon hannu biyu a buɗe. Fitilar aci-balbal, don ita ke fara suma in iska ta lalace. Gawayi, takardar buhun siminti. Rarrafe… reshe ɗaya hagu, a toshe. Ɗaya gabas — goma, sha biyar, sha bakwai, igiya ta ƙare. Kogon bai ƙare ba.

Sai ya kwance ta. Shi Sallau, da furfurarsa, shi da ke zagin masu kwance igiya. Wai ɗan leƙawa kawai.

Harshen fitila ya yi shuɗi, ya tsuguna, ya tafi. Duhu. Wasu saiwoyi na shafar fuskarsa daga sama, yashi na zubo masa a wuya, siriri, ba ya tsayawa. Haka Baba ya ji? A Rumbu, da rijiya ta rufta masa, kwana uku ana tono, hularsa kaɗai… A'a, ba yanzu ba. Lalube — dutse, ƙasa, dutse — ƙulli. Ƙullin nan mai kaushi ya fi hannun matarsa Rahamatu daɗin taɓawa, Allah ya sa kada ta ji. Ƙulli bayan ƙulli har cikin rijiya. Ja uku a babbar igiya, raƙumi mai janta ya taka can sama, haske na ta girma…

"Sha shayi, Malam Sallau," in ji Rhissa. "Ka hito, shi ke nan."

Shi ke nan kuwa. Daɗi har ƙashi. Ga takardar a aljihu, gumi ya jiƙa ta amma zanen na nan. Gabas, sha bakwai. Ido na aunawa da kansa daga bakin rijiya zuwa gabas, don sabo: goma, sha biyar… raƙuma uku a durƙushe, mutum shida, butar shayi. Aduwa.

Saiwoyin nan na cikin kogo… na aduwar nan ne.

Ya kamata ya ce a tashi. Yanzu zai faɗa, yanzun nan, bari dai numfashin ya ƙara shiga sau ɗaya. Inuwar da sanyi, ƙafafun sun ce sun gama aikin yau. Can ƙarƙashin bayansa kuwa, yashin nan siriri yana nan yana zuba.